Sabon Garin Kano: Tarihin Unguwar da Zamantakewar Mazaunanta

Gabatarwa

Sabon Gari unguwa ce da ke wajen ganuwar birnin Kano, ta ɓangaren arewa maso gabas, a cikin Ƙaramar Hukumar Fagge. Tana maƙwabtaka da Fagge ta yamma da Gwagwarwa ta gabas, titin Murtala Muhammad ya bi ta kudancinta, filin jirgin sama na Malam Aminu Kano kuma yana arewa da ita. Daga cikin mazaɓu 10 na Ƙaramar Hukumar Fagge, biyu na unguwar ne, wato Sabon Gari ta Gabas da Sabon Gari ta Yamma. Ƙidayar jama'a ta 2006 ta ba Ƙaramar Hukumar Fagge mutane kusan 200,000.

Da yawa daga cikin jama'armu na karkara sun san Sabon Gari ta hanyar kasuwarta kawai, wasu kuma labarinta suke ji a bakin mutane, kuma sau da yawa labarin ba ya zuwa daidai. Mun tanadi wannan bayani ne domin manoma da fatake masu kai kaya unguwar, da kuma hakimai, dagatai, masu unguwanni, kansiloli da ma'aikatan ƙananan hukumomi, waɗanda baƙi ke zama a ƙarƙashin kulawarsu a duk faɗin jihar nan.

Kano da baƙi kafin zuwan Turawa

Saukar baƙo tsohuwar al'ada ce a Kano. Tun zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, wanda ya yi mulki daga 1463 zuwa 1499, Kasuwar Kurmi ta riƙa jawo fatake daga Arewacin Afirka, Barno, Azbin, Nufe da ƙasar Yarbawa. Sunayen unguwannin cikin birni sun isa shaida. Akwai Dandalin Turawa inda Larabawa 'yan kasuwa suka zauna, da Zangon Barebari, da Tudun Nufawa, da Ayagi wadda Yarbawa suka kafa tun ƙarni na 19. Ita kanta Fagge zango ce ta ayarin raƙuma kafin ta zama gari.

A wancan tsari, baƙo yakan sauka a hannun fatoma ko mai unguwa, ya bi dokar Sarki, ya yi aure cikin jama'a, har jikokinsa su zama Kanawa. Yawancin waɗannan baƙi Musulmi ne, shi ya sa sajewarsu ta zo da sauƙi. Sabon Gari ta bambanta da waɗancan unguwanni domin gwamnatin mulkin mallaka ce ta shata ta, kuma da nufin raba mazaunanta da mutanen birni aka yi ta.

Kafuwar unguwar

Sojojin Ingila sun ci Kano a watan Fabrairu na 1903, aka naɗa Sarki Muhammadu Abbas. Layin dogo ya iso Kano a 1911, kuma daga 1912 cinikin gyaɗa ya buɗe, kamfanonin Turawa suka yi ta kafa kantuna da rumbuna kusa da tashar jirgin ƙasa. Gwamnati da reluwe da kamfanoni duk suna bukatar akawuna, tafintoci, kafintoci, magina, makanikai da masu buga waya. A lokacin makarantun boko ba su yaɗu a Arewa ba, don haka aka riƙa ɗauko ma'aikata daga Ikko da sauran garuruwan Kudu, da kuma Saliyo da Gwalkwas, wato ƙasar Gana ta yanzu.

Turawa ba su so waɗannan ma'aikata su zauna cikin birni ba, bisa dalilai uku. Na farko, sun yi wa sarakuna alkawarin ba za su taɓa addini ba, kuma yawancin ma'aikatan Kiristoci ne da ba sa ƙarƙashin kotunan alƙalai. Na biyu, suna gudun kada ra'ayoyin ƙin mulkin mallaka da ke yawo a jaridun Ikko su shiga tsakanin talakawan Sarki. Na uku, ƙa'idar tsara gari ta lokacin ta ce a ware kowane rukuni da matsuguninsa, har a bar fili na yadi 440 ba gini tsakanin unguwar Turawa da ta 'yan ƙasa. A kan haka aka shata Sabon Gari wajen shekarar 1913, da miƙaƙƙun tituna masu gicciye juna da filaye masu lamba. Turawa suka zauna a Nasarawa da Bompai, 'yan Siriya da Labanan kuma aka ba su wuri kusa da Fagge, inda Kantin Kwari yake a yau.

Yadda aka mulki unguwar

A farkon lamari Sabon Gari ba ta ƙarƙashin Sarkin Kano. Dokar garuruwa ta 1917 ta sa ta a hannun majistare Bature, wanda ke raba filaye, karɓar haraji da kula da tsafta. Daga baya aka kafa wata kotu ta haɗin gambiza mai wakilai daga manyan ƙabilun unguwar, domin a yi wa kowa shari'a da la'akari da al'adarsa, aka kuma riƙa naɗa shugaba da ake kira Sarkin Sabon Gari. Titin France da titin Ballat Hughes sun samo sunayensu ne daga biyu cikin waɗannan shugabanni, waɗanda asalinsu mutanen ƙasashen gaɓar tekun Afirka ta Yamma ne. Saboda haka sunan titin France ba shi da alaƙa da ƙasar Faransa.

A 1940, zamanin Sarki Abdullahi Bayero, aka mayar da unguwar ƙarƙashin En'e ta Kano, ta shiga ƙasar Waje tare da Fagge, Tudun Wada da Gwagwarwa. Bayan ƙirƙiro Jihar Kano a ranar 27 ga Mayu, 1967, da gyaran tsarin ƙananan hukumomi na 1976, mulkinta ya koma irin na kowace unguwa a jihar nan. A yau mazaunanta suna zaɓen kansilolinsu, suna biyan haraji ga Ƙaramar Hukumar Fagge da gwamnatin jiha, kuma suna ƙarƙashin Masarautar Kano ta fuskar sarauta.

Mazauna unguwar

Mutanen farko da suka zauna a Sabon Gari sun haɗa da tsofaffin sojoji, ma'aikatan reluwe, 'yan Saliyo da Gwalkwas, Yarbawa da Nufawa. Hausawa ma sun zauna a cikinta da yawa tun farko, musamman 'yan ci-rani da leburori da suka zo daga wasu lardunan. 'Yan ƙabilar Ibo sun ƙaru sosai bayan an haɗa layin dogo na Fatakwal da na Arewa, musamman bayan buɗe gadar Makurɗi a 1932, har suka zama rukuni mafi yawa a unguwar kafin samun 'yancin kai.

Wanda ya bi titunan unguwar zai karanta wannan tarihi a jikin sunayensu: titin Enugu, titin Aba, titin Warri, titin Abeokuta, titin Ibadan, titin Freetown da titin Gold Coast. Ban da Ibo da Yarbawa, akwai mutanen Edo, Urhobo, Efik, Ibibiyo, Idoma, Tibi, Igala, Igbira, mutanen Filato da kudancin Kaduna, da 'yan ƙasashe maƙwabta irin su Nijar, Gana, Kamaru da Jamhuriyar Benin. Iyalai da dama sun kai zuriya ta uku ko ta huɗu a Kano. A nan aka haifi 'ya'yansu, a nan suka yi makaranta, kuma da yawansu sun fi jin Hausa a kan harshen garin kakanninsu. Hausa da Turancin buroka su ne harsunan ciniki da hulɗa a tsakanin kowa da kowa.

Kasuwa da sana'o'i

Kasuwar Sabon Gari ta tashi ne tun shekarun farko na unguwar, kuma sannu a hankali ta zama ɗaya daga cikin manyan kasuwannin Arewa. An sake gina ta da ginin zamani, aka sa mata sunan Muhammadu Abubakar Rimi, gwamnan jihar daga 1979 zuwa 1983. A cikinta ana sayar da tufafi, takalma, kayan wuta, kayan ɗaki, littattafai, kwanuka da robobi. Ɓangaren 'Yankura ya shahara da kayan miya da kayan abinci, kuma kasuwar Singa, inda ake sarin kayan masarufi, tana kusa. Duk da sunan da unguwar ta yi na baƙi, Hausawa suna da rumfuna da shaguna masu yawan gaske a kasuwar.

A nan ne alaƙar unguwar da karkara ta fi fitowa fili. Tumatir, albasa, tattasai da attaruhu na yankin Kadawa, Kura da Bunkure, da wake, gyaɗa, hatsi da dabbobi daga sauran ƙananan hukumomi, suna biyowa ta hannun dillalai zuwa ga masu saye a Sabon Gari, wasu a ci a nan, wasu a yi lodinsu zuwa Kudu. Daga Kudu kuma manja, garin rogo, doya, ayaba, goro da katako suke zuwa. Mai kanti a ƙauye da ke sarin sabulu, batir ko kayan gyaran babur, galibi kayansa sun ratsa wannan yanki kafin su isa gare shi. Tashar New Road ita ce matattarar manyan motocin safa masu zuwa Ikko, Anaca, Aba da Fatakwal. Ciniki mai yawa a tsakanin waɗannan mutane bisa amana yake tafiya: a ba da kaya bashi, a biya bayan an sayar, ba tare da takarda ba.

Shekaru da dama Sabon Gari ce cibiyar sarin magunguna a Arewa. Saboda matsalar jabun magunguna da rashin wurin ajiya mai kyau, an gina cibiyar sarin magunguna a Dangwauro, kan hanyar Zariya, kuma a watan Fabrairu na 2024 hukumar NAFDAC da takwararta mai kula da masu harhaɗa magunguna suka rufe shaguna sama da 1,000 a yankin Sabon Gari domin a koma can. Muna jan hankalin masu kyamis na ƙauyuka da jami'an lafiya na ƙananan hukumomi da su riƙa saye daga inda hukuma ta amince.

Addini, ilimi da ƙungiyoyi

Da yake Turawa sun hana 'yan mishan aiki cikin birni, majami'u na farko a Kano a wajen ganuwa aka gina su, akasari a Sabon Gari. Daga cikin sanannu akwai Holy Trinity ta ɗariƙar Angilikan, da Our Lady of Fatima ta ɗariƙar Katolika, da majami'un Baftis, Metodis da ECWA. Asibitin ido na ECWA da ke kusa da unguwar, wanda aka kafa a 1943, ya daɗe yana karɓar marasa lafiya daga ƙauyukanmu da ma Jamhuriyar Nijar, ba tare da la'akari da addininsu ba. Haka kuma akwai masallatai da dama. Yarbawa Musulmi, ta hannun ƙungiyoyi irin su Ansaruddin, sun gina masallatai da makarantun da suka haɗa karatun addini da na boko.

Kusan kowace al'umma a unguwar tana da ƙungiyar 'yan gari ɗaya, mai taro a kai a kai, galibi ranar Lahadi. Ƙungiyoyin nan suna tara kuɗi ta hanyar adashi, su ba sabon zuwa masauki, su nema masa aiki, su ɗauki nauyin mara lafiya, su kai gawa gida idan an yi rasuwa, su kuma sasanta rigima kafin ta kai ga 'yan sanda. Ƙungiyar 'yan ƙabilar Ibo ta gina makarantunta tun kafin samun 'yancin kai. A wajen Ibo akwai kuma tsarin koyon kasuwanci, inda yaro zai yi wa ubangidansa hidima na wasu shekaru, daga ƙarshe a sallame shi da jari, kwatankwacin yadda yaran shago suke tashi a hannun attajiranmu. Manyan al'ummomin suna da shugabanninsu, irin su Sarkin Yarbawa da shugaban Ibo mazauna Kano, waɗanda ke kai gaisuwa fada, kuma ta hannunsu hukuma take isar da saƙo ga jama'arsu.

Siyasa, nishaɗi da wasanni

Sabon Gari tana da gurbi a tarihin siyasar Arewa. Jaridar Comet ta Dakta Nnamdi Azikiwe ta dawo Kano a 1949, ta zama dandalin matasa masu neman sauyi. A ranar 8 ga Agusta, 1950, aka kafa jam'iyyar NEPU a gidan Bello Ijumu da ke unguwar, tare da matasan Kano irin su Abba Maikwaru, Maitama Sule, Magaji Ɗambatta da Mudi Sipikin. Ita ce jam'iyyar da Malam Aminu Kano ya jagoranta daga baya. Ke nan siyasar 'yan sawaba, wadda Kanawa ke alfahari da ita, a Sabon Gari aka yanke mata cibiya.

Gidajen silima irin su El Dorado sun yi tashe a zamaninsu, inda 'yan birni da 'yan waje suke haɗuwa wajen kallon finafinan Indiya. Ƙwallon ƙafa ma ta haɗa jama'a. Filin wasa na Sabon Gari yana ɗauke da sunan ƙungiyar Kano Pillars, wadda aka kafa a 1990, ta kuma ci gasar ƙasa a 2008, 2012, 2013 da 2014 da 'yan wasa daga sassa daban-daban na Nijeriya.

Lokutan jarrabawa

Zo mu zauna, zo mu saɓa, in ji masu iya magana. Rikici na farko mai girma ya auku daga 16 zuwa 19 ga Mayu, 1953, bayan saɓanin da aka samu a majalisar Ikko kan ƙudurin neman mulkin kai a 1956, da kuma shirin taron jam'iyyar AG a Kano. Rahoton hukuma ya ce mutane 36 suka rasu, 241 suka ji rauni. Wannan na cikin abubuwan da suka kai ga tsarin mulkin tarayya na 1954. A 1966, bayan juyin mulkin Janairu da na Yuli, an yi kashe-kashen da suka sa dubban 'yan Gabas suka bar Kano, sai Yaƙin Basasa ya biyo baya daga 1967 zuwa 1970. Bayan yaƙin da yawansu sun dawo, sun karɓi gidajensu, sun ci gaba da kasuwanci.

An sake samun tarzoma a wasu shekaru, ciki har da 1991, 1999, 2001 da 2004. Ta 1999 ta biyo bayan rikicin Shagamu ne a Jihar Ogun, ta 2004 kuma bayan na Yelwan Shandam a Jihar Filato. A ranar 18 ga Maris, 2013, bam ya tashi a tashar New Road ya hallaka matafiya da masu sana'a, Musulmi da Kirista, a lokacin da hare-haren Boko Haram suka addabi duk birnin.

Idan muka duba waɗannan al'amura za mu ga abubuwa uku. Yawancinsu daga nesa wutar ta taso, jita-jita ce ta kawo ta Kano. Asarar kuma ba ta tsaya kan ɓangare ɗaya ba, domin duk ranar da aka rufe kasuwa, tumatirin manomi ruɓewa yake yi a kwando, ɗan dako ya kwana da yunwa, Hausawa mazauna Kudu kuma su shiga fargabar ramuwar gayya. Sannan a kowane rikici an samu maƙwabta da suka ɓoye maƙwabtansu na wani addini ko wata ƙabila a cikin gidajensu har ƙura ta lafa.

Matsalolin yau

An tsara Sabon Gari ne domin mutane kaɗan, yanzu kuwa cunkoso ya yi mata yawa. Gidajen haya da yawa sun tsufa, iyali guda na zaune a ɗaki ɗaya ko biyu, kuma kuɗin haya yana da tsada. Lambatu kan toshe da shara, abin da ke jawo ambaliya da damina da yaɗuwar sauro, ruwan kuma yana gangarawa rafin Jakara, wanda masu lambu ke ban ruwa da shi a gaba. Gobara ma babbar barazana ce. Wadda ta tashi a watan Maris na 2016 ta cinye dubban shaguna a kasuwar. Gadar sama da aka gina a kan titin Murtala Muhammad ta rage cunkoson motoci, amma kasa kaya a bakin titi yana nan. Wannan matsi ya sa iyalai da dama sun koma wasu unguwanni irin su Nomansland, Gwagwarwa, Badawa da Jaba.

Bayan ƙaddamar da shari'ar Musulunci a jihar a shekarar 2000 da kafa Hukumar Hisba a 2003, batun sayar da barasa da harkar otal-otal a unguwar ya kasance abin da ke bukatar bin doka da kuma hikima daga kowane ɓangare. Ya kamata a sani cewa mafi yawan mazauna Sabon Gari magidanta ne masu neman halaliyarsu: 'yan kasuwa, malaman makaranta, ma'aikatan jinya, teloli da makanikai.

Nauyin da ke kan shugabanni

Tsarin mulkin Nijeriya na 1999 ya ba kowane ɗan ƙasa 'yancin yin addininsa a sashe na 38, da 'yancin zama a duk inda ya so a sashe na 41. Sashe na 42 ya hana nuna bambanci saboda ƙabila, addini ko asali, sashe na 43 kuma ya halatta mallakar gida ko fili a ko'ina cikin ƙasa. Waɗannan sassa su ne kuma ke kare 'yan'uwanmu da ke Sabo ta Badun, Shagamu, Ikko, Anaca da Fatakwal. A shekarun 1950 mutanen Enugu sun zaɓi Malam Umaru Altine, ɗan asalin lardin Sakkwato, ya zama magajin garinsu na farko.

A yau babu ƙaramar hukuma daga cikin 44 na jihar nan da za a rasa baƙo a cikinta, ko mai kyamis, ko malamin makaranta, ko ɗan bautar ƙasa, ko mai sayen amfanin gona. Don haka muna kira ga hakimai, dagatai da masu unguwanni da su san baƙin da ke ƙasarsu da shugabanninsu, su riƙa gayyatarsu taron tsaro da na ayyukan gayya. Jami'an haraji su karɓi abin da doka ta tsara, daidai wa daida, su ba da rasit. Idan saɓani ya taso tsakanin ɗan gari da baƙo a kan bashi, haya ko iyakar fili, a ɗauke shi a matsayin rigimar mutum biyu, a sasanta ko a kai kotu, kada a bari ya rikiɗe ya zama na ƙabila. Idan labarin tashin hankali ya zo ta waya ko ta kafafen sada zumunta, a tuntuɓi hakimi ko ofishin 'yan sanda mafi kusa kafin a yaɗa shi. Limamai da fastoci kuma su ci gaba da jan hankalin mabiyansu kan haƙƙin maƙwabtaka.

Kammalawa

Turawa sun shata Sabon Gari ne domin su raba baƙi da 'yan gari, amma ciniki da maƙwabtaka na sama da shekara 100 sun ɗaure ɓangarorin biyu da juna, har arzikin wannan ya rataya a kan zaman lafiyar wancan. Kirarin Kano shi ne tumbin giwa, kuma Sabon Gari na cikin abin da tumbin ya ƙunsa. Kiyaye rayuka da dukiyoyin mazaunanta, da na kowane baƙo a garuruwa da ƙauyukanmu, aiki ne na hukuma da na jama'a baki ɗaya. Allah ya zaunar da jiharmu da ƙasarmu lafiya, amin.